Rikicin zaɓe a ƙungiyar gama-kai: zauren sulhu, ofishin Darakta ko kotu?

Da wuya ka sami ma'aikata ko makaranta babba a Katsina da Daura wadda ma'aikatanta ba su da ƙungiyar gama-kai. Haka manoman rani na bakin madatsun Jibiya, Zobe, Ajiwa da Sabke, haka masu sayar da hatsi, haka matan da ke tuyar ƙuli-ƙuli da man gyaɗa. Muddin asusun ƙungiya bai taka kara ya karya ba, shugabanci sai an roƙi mutum kafin ya karɓa. Ranar da kuɗi suka taru, aka fara rabon taki da bashin babur, ana raba shinkafa da sukari gab da azumi, ana ba da rancen ragon layya, to daga ranar kujerar shugaba da ta sakatare da ta ma'aji sun zama abin nema. Daga nan ne ake fara jin an ɓoye ranar zaɓe, an cusa baƙin sunaye a rajista, an hana wane takara saboda wai ana bin sa bashi, ko kuma tsofaffin shugabanni sun ƙi sauka bayan wa'adinsu ya cika.

Wanda abin ya faɗa wa yana da hanyoyi da dama a gabansa, kuma yawancin asarar da ake yi ba ta rashin gaskiya ba ce, ta ɗaukar hanyar da ba ta dace da buƙata ba ce. Mai son a tsayar da zaɓen da za a yi jibi, maganinsa daban da na mai son a soke wanda aka yi makon jiya, kuma dukansu daban suke da mai zargin an ci kuɗin ƙungiya.

Kafin a je ko'ina, a ɗauko takardar shaidar rajista a duba wa ya ba da ita. Wannan ƙaramin aiki shi ke raba hanya. Idan sashen kula da ƙungiyoyin gama-kai na jiha ne ya yi rajistar, ƙungiyar tana ƙarƙashin dokar gama-kai, kuma Daraktan sashen ne mai kula da ita. Tsarin Mulkin 1999 ya ba gwamnatin tarayya ikon rajistar kamfanoni da kula da su, amma a lamba ta 32 ta jerin abubuwan da ke hannun tarayya kaɗai, an cire ƙungiyoyin gama-kai daga ciki. Shi ya sa jihohi ke da nasu dokokin da nasu daraktocin. Asalin abin tun zamanin Turawa ne: rahoton wani Bature mai suna Strickland na 1934, sai dokar 1935, sai dokar Jihar Arewa ta 1956, wadda jihohin da aka yanka daga Arewa suka gada, har da Katsina da aka fitar daga Kaduna a 1987. Akwai kuma dokar tarayya ta 1993, wadda ke cikin kundin dokokin ƙasa na 2004, kuma tsarinsu kan warware rikici kusan ɗaya ne. Amma idan takardar daga hukumar rajistar kamfanoni ta CAC ta fito, da sunayen amintattu a jikinta, to ko da mambobi suna kiran kansu 'yan gama-kai, a idon doka ba su ba ne. Ofishin Darakta ba shi da ta cewa a kansu, kuma shari'ar da ta shafi yadda ake gudanar da irin wannan ƙungiya ƙarƙashin dokar kamfanoni, Babbar Kotun Tarayya ake kai ta. Ƙungiyar da ba ta da rajista ko ɗaya kuwa, abin da mambobi suka rubuta suka amince da shi ne kaɗai dokarsu.

Akwai ƙofofi uku da mutane ke yawan bugawa alhali ba nasu ba ne, gara a kawar da su tun da wuri. Kotun sauraron ƙararrakin zaɓe da ake ji a rediyo, mai kwana 21 na shigar da ƙara da kwana 180 na yanke hukunci, sashe na 285 na Tsarin Mulki ya kafa ta don zaɓen gwamna da 'yan majalisa. Ba ruwanta da zaɓen ƙungiya, kamar yadda INEC ba ta da hannu a ciki. Kotun ma'aikata ta ƙasa ita ce ke duba rikicin ƙungiyoyin ƙwadago, kuma nan ma'aikata ke ruɗewa, domin sau da yawa mutanen da ke cikin ƙungiyar ƙwadago su ne dai ke cikin ta gama-kai, a ofishi ɗaya ake tarukan. Duk da haka doka ba ta ɗauke su abu ɗaya ba. Ta uku ita ce ofishin 'yan sanda. Dokar 'Yan Sanda ta 2020 ta hana kama mutum kan saɓanin da ba laifi ba ne, kuma DPO ba shi da ikon cewa wane ne ya ci zaɓe. Wurin 'yan sanda yana da amfani ne kawai idan an yi laifi na zahiri: an ƙirƙiri sa hannun mutane a takardar halartar taro, an yi duka, an fasa ofis, ko an karkatar da kuɗi. Ko a nan ɗin, tuhumar laifi tana tafiya ne a hanyarta, ba ta mayar wa kowa da kujera.

Hanya mafi kusa ita ce ta cikin gida, kuma an fi raina ta fiye da yadda ya kamata. Kowace ƙungiya mai rajista tana da kundin dokokinta wanda Darakta ya amince da shi, kuma a cikinsa ake samun kwanakin da za a ba da sanarwa kafin babban taro, adadin mambobin da dole su halarta kafin taro ya zauna, wanda ya cancanci tsayawa, tsawon wa'adi, da yadda mambobi za su tilasta a kira taron gaggawa. Babban taron mambobi shi ne hukuma mafi girma a ƙungiya, kwamiti ma'aikacinsa ne. Ƙa'idar da aka gina gama-kai a kanta tun daga masaƙan Rochdale na Ingila a 1844 ita ce mutum ɗaya ƙuri'a ɗaya, komai yawan hannun jarinsa, kuma dokar Najeriya ta tabbatar da haka a ƙungiyoyin farko, wato waɗanda mambobinsu ɗaiɗaikun mutane ne, ta kuma hana mutum ɗaya mallakar fiye da kashi ɗaya cikin biyar na jarin ƙungiya. Saboda haka idan da gaske yawancin mambobi suna tare da kai, ba ka da buƙatar lauya. Ka tara sa hannun adadin da kundi ya faɗa, ku nemi taron gaggawa a rubuce, ku aika wa jami'in gama-kai na ƙaramar hukuma kwafi, ku roƙi ya zo ya sa ido. Kuɗin da za a kashe bai wuce na buga takarda da ruwan sha ba, kuma cikin makonni kaɗan an gama.

Raunin wannan hanya a fili yake. Waɗanda ake ƙorafi a kansu su ne ke riƙe da rajista da hatimi da littafin bayanin taro. Suna iya ƙin kiran taron, ko su kira shi ranar kasuwar Mai'aduwa lokacin da rabin mambobi ba sa gari. Sannan idan kai ne ke da 'yan tsiraru, taron gaggawa zai ƙara wa abokin hamayyarka ƙarfi ne kawai, domin zai fito da takardar da ke nuna mambobi sun sake amincewa da shi. Duk da haka ina ganin kada a tsallake ta, ko da an san ba za ta yi ba. Wasiƙar ƙorafin da ka kai wa sakatare, ya sa hannu ya rubuta kwanan wata a kwafinka, ita ce shaidarka ta farko a duk inda za ka je gaba. Darakta zai tambaye ta, alƙali ma zai tambaye ta.

Sai sulhu, wanda mu a nan shi ne abin da zuciya ke fara kawowa. A je wurin mai unguwa ko magaji, ko limamin unguwa, ko wani dattijo da ya kafa ƙungiyar, idan abin ya yi tsanani har gaban hakimi. A ƙungiyar ma'aikata kuma akan kai wa shugaban ma'aikatar. Amfaninsa ba ƙarami ba ne. Mutanen nan gobe za su haɗu a masallaci, a wurin suna da jana'iza, wasu ma surukan juna ne, kuma ƙungiyar gama-kai da amana take rayuwa: ranar da rabin mambobi suka daina zubi don fushi, wanda ya ci kujerar ya ci fanko. Sulhu yana da sauri, ba ya cin kuɗi, yana kuma iya samar da abin da babu kotun da za ta bayar, misali a yarda a sake zaɓen kujerar ma'aji kaɗai, ko a kafa kwamitin zaɓe da kowane ɓangare ya kawo mutum biyu, ko a sake tantance rajista a gaban kowa.

Amma a faɗi gaskiya, sulhun zaure yakan karkata wajen wanda ke kan kujera. Dattijo zai ce, "Alhaji, ka yi haƙuri ka bar masa wannan karon, kai ma lokacinka na zuwa." Kai kuma ba ka iya cewa komai sai "To Baba, na ji," domin kunya ta ɗaure ka. An rufe maganar ba tare da an taɓa tambayar ko an bi ƙa'ida ba, baƙin sunayen suna nan a rajista suna jiran zaɓe na gaba. Matsala ta biyu ita ce maganar baki ba ta ɗaure kowa. Banki ba ya canja masu sa hannu a asusu don hakimi ya ce an sasanta, takarda yake so. Ta uku ta fi su haɗari: yayin da ake ta sa rana ana ɗagewa, wa'adin da doka ta ba ka na kai ƙorafi yana tafiya. Don haka wanda ya zaɓi sulhu ya yi abu biyu. Ya shigar da ƙorafinsa a rubuce a ofishin gama-kai tukuna, ya sanar da su cewa ana ƙoƙarin sasantawa. In an daidaita kuma, a rubuta, kowa ya sa hannu, a kai wa babban taro ya amince, a ajiye kwafi a ofishin Darakta. Wanda ke son sulhu mai haƙori yana iya zuwa cibiyar sasanci ta jiha, inda ake da horarrun masu shiga tsakani, kuma yarjejeniyar da aka cimma alƙali na iya amincewa da ita ta zama tamkar hukuncin kotu. Dokar sasanci ta 2023, wadda marigayi Muhammadu Buhari ya sa wa hannu a watan Mayu gab da saukarsa, ta maye gurbin ta 1988, ta kuma ƙarfafa matsayin yarjejeniyar da aka rubuta bayan shiga tsakani.

Yanzu ga hanyar da doka ta shimfiɗa da kanta. Sashe na 49 na dokar tarayya ta 1993 ya ce idan saɓani ya taso da ya shafi harkar ƙungiya mai rajista, tsakanin mambobi, ko tsakanin mamba da ƙungiyar ko kwamitinta ko wani jami'inta, to a miƙa shi ga Darakta. Shi kuma yana da zaɓi: ya warware da kansa, ko ya miƙa wa mai raba gardama. Wanda bai gamsu ba yana da kwana 30 ya ɗaukaka ƙara zuwa ga Kwamishina, ko Minista idan ƙungiyar ta tarayya ce. Wanda ya yi nasara kuma yana iya kai hukuncin kotu ta zartar da shi kamar nata. Dokokin jihohi suna da irin wannan tanadi, sai dai lambar sashe da wasu bayanai kan bambanta, saboda haka a nemi kwafin dokar jiha a karanta, kada a dogara da ta tarayya kaɗai.

Abin da ya sa nake fifita wannan ƙofa ga yawancin mutane shi ne, ofishin ya san ƙungiyar. Kundin dokokinku yana cikin fayil ɗinsu, rahoton binciken kuɗinku na shekara-shekara yana wurinsu, sau da yawa ma jami'insu yana zaune a wurin zaɓen. Ba sai ka ɗauki wata uku kana koya wa wani bambancin hannun jari da ajiya ba. Ba dole sai da lauya ba, kuma zama yakan kasance da Hausa, abin da ba ƙaramin sauƙi ba ne ga manomin Daberam ko mai ƙuli-ƙulin Kofar Marusa. Sannan Darakta yana da wani makami da kotu ba ta riƙe da shi kai tsaye: ikon binciken yadda ake tafiyar da ƙungiya da halin da kuɗinta ke ciki, ko bisa ra'ayin kansa, ko bisa buƙatar rinjayen kwamiti, ko ta wani kaso na mambobi da doka ta ƙayyade. Wannan yana da muhimmanci domin a ƙungiyoyi da yawa rikicin zaɓe rikicin lissafi ne da ya sa riga. Mutumin da ya ƙi sauka, sau tari ba kujerar yake so ba, littafin ne ba ya so a buɗe. In haka ne, neman bincike ya fi neman soke zaɓe kai wa ga cibiyar magana.

Ba zan ɓoye aibinta ba. Darakta ma'aikacin gwamnati ne, Kwamishinan da za a ɗaukaka ƙara gare shi ɗan siyasa ne. Idan ƙungiyar tana cikin waɗanda ake bi ta hannunsu wajen rabon taki ko rancen gwamnati, zai yi wuya a ce babu mai sha'awar wanda zai shugabance ta. Idan jami'in da ya sa ido a zaɓen shi ne ake zargi da kawar da kai, to ofishin ya zama mai shari'a a kan aikin kansa. A irin wannan hali ka nemi a rubuce cewa a miƙa maganar ga mai raba gardama daga waje, ka faɗi dalilinka cikin ladabi. Ko ba a amsa ba, ka ajiye hujja. Kuma ofis ne na gwamnati, fayil yana iya kwana a tebur, ba kamar kotun zaɓen siyasa ba da Tsarin Mulki ya ɗaure da kwana 180. Wannan giɓi ne na gaske a tsarinmu. Kenya tana da kotu ta musamman don rikicin ƙungiyoyin gama-kai, Indiya kuma a 2023 ta yi dokar kafa hukumar zaɓe ta musamman don ƙungiyoyin da suka ratsa jiha fiye da ɗaya. Mu a nan mai rajista shi ne mai bincike, shi ne kuma mai raba gardama.

Yadda aka rubuta takardar ƙorafin yana yanke rabin shari'ar. Takardar da ta cika da "an zalunce mu" da "kowa ya sani" ba ta ba Darakta abin kamawa. A ɗauki misali: kundi ya ce a ba da sanarwar kwana 14, an ba da ta kwana 3. Kundi ya ce sai wanda ya cika wata shida da shiga zai jefa ƙuri'a, ga sunaye 40 da aka shigar a watan zaɓe, tazarar da ke tsakanin 'yan takara kuwa ƙuri'a 25 ce. Wannan lissafi na ƙarshe shi ne gishirin, domin duk mai yanke hukunci zai tambaya ko kuskuren ya isa ya canja sakamako. In an kayar da kai da ƙuri'a 200 kana ƙorafi kan sunaye 10, ka adana kuɗin motarka. A haɗa da kwafin kundi, da sanarwar taro, da takardar halarta, da takardar sakamako, da rasiɗin da ke nuna kai mamba ne da ba a bin ka zubi. Saƙon WhatsApp da aka sanar da taro da shi ma shaida ne, kada a goge. A ƙarshe a faɗi abin da ake so dalla-dalla: a soke zaɓen duka ko na kujera kaza, a kafa kwamitin riƙon ƙwarya na wata kaza, a tantance rajista, a hana taɓa asusu sai don biyan abin da ya zama dole.

To, ina matsayin Babbar Kotun Jiha? Tana zama a Katsina da Daura da Funtuwa da wasu garuruwa, kuma sashe na 272 na Tsarin Mulki ya ba ta hurumi mai faɗi kan haƙƙoƙin jama'a. Ƙarfinta babu mai kama da shi: umarninta yana ɗaure banki, yana ɗaure kwamiti, yana ɗaure Darakta kansa, wanda ya ƙi bi kuma yana iya kwana a gidan yari. Shi ya sa mai zafin rai yake cewa "mu haɗu a kotu". Abin da ba a gaya masa shi ne, abu na farko da lauyan ɗaya ɓangaren zai yi shi ne ya ce kotu ba ta da hurumi tukuna, domin ba a bi ta ofishin Darakta ba. Tun shari'ar Madukolu da Nkemdilim a 1962 Kotun Ƙoli ta kafa cewa idan doka ta gindaya sharaɗi kafin a shigar da ƙara, sai an cika shi kotu za ta saurara. Lauyoyi suna jayayya kan ko zaɓe yana cikin "harkar ƙungiya" da sashe na 49 ya ambata, tunda bai kira zaɓe da suna ba. Jayayya ce mai daɗi ga lauya, amma kai ne za ka biya kuɗin kowane zama, kuma in aka kori ƙarar bayan shekara, ka koma inda ka fara, wataƙila ma lokaci ya ƙure maka. Akwai kuma tsohuwar ƙa'idar shari'ar Foss da Harbottle ta 1843, wadda kotunan Najeriya ke aiki da ita: kotu ba ta son tsoma baki a kuskuren cikin gida da rinjayen mambobi za su iya gyarawa da kansu. Takan shiga ne idan an tauye haƙƙin mamba na kansa, kamar hana shi ƙuri'a ko takara ba bisa ƙa'ida ba, ko an yi abin da kundi ya haramta, ko an yi zamba.

Lokaci shi ne babban abin dubawa. Wa'adin kwamiti a ƙungiyoyi da yawa shekara biyu ne ko uku. Shari'a a babbar kotu, da ɗage-ɗagenta da hutun kotu da ɗaukaka ƙara, tana iya cinye wannan duka, ka sami hukunci a kan kujerar da wa'adinta ya ƙare. Kafin nan kuma, in ɓangarori biyu sun rubuta wa banki kowa yana cewa shi ne halattacce, banki yakan kulle asusun har sai an kawo masa takardar da ta raba gardama. Damina ba ta jiran alƙali. Mambobin da ba ruwansu da rigimar su ne za su rasa taki a watan Yuni, kuma kai za su ɗora wa laifi ko da kai ne mai gaskiya.

Duk da wannan, akwai wurare biyu da babu abin da ke maye gurbin kotu. Na farko kafin zaɓe. Idan an cire sunanka daga 'yan takara ba bisa ƙa'ida ba, zaɓe saura mako guda, ka rubuta wa ofishin gama-kai shiru, to umarnin dakatarwa na wucin gadi daga kotu ne kaɗai zai iya tsayar da abin. Sai dai a yi sauri, domin kotu ba ta dakatar da abin da an riga an gama. Ranar da aka ƙirga ƙuri'a aka miƙa hatimi, wannan ƙofa ta rufe. Alƙalai kuma suna taka-tsantsan da ba da umarni ba tare da jin ɗaya ɓangaren ba, musamman tun shari'ar Kotoye da Babban Bankin Najeriya a 1989: sai ka nuna gaggawa ta gaske wadda ba jinkirinka ne ya jawo ta ba, ka kuma yi alkawarin biyan diyya in daga baya aka ga ba ka da hujja. Wanda ya san da matsalar tun wata biyu ya zo ana gobe zaɓe, da wuya a saurare shi.

Na biyu bayan Darakta ko Kwamishina. Ko da doka ta ce hukuncin mai raba gardama shi ne na ƙarshe, sashe na 36 na Tsarin Mulki ya ba kowa haƙƙin a saurare shi a gaban wanda ba ya da ɓangare, kuma babbar kotu tana da ikon duba aikin jami'an gwamnati. In an yanke hukunci ba a gayyace ka ba, ko wanda ya yanke yana da hannu a rigimar, ko ya wuce ikon da doka ta ba shi, kotu na iya rushe hukuncin. In kuma ya ƙi yin komai ne, tana iya tilasta shi ya yi aikinsa. A lura, a irin wannan ƙara kotu ba ta sake ƙirga ƙuri'a, hanyar da aka bi take dubawa. Wa'adinta gajere ne, galibi wata uku, kuma dokar kare jami'an gwamnati ita ma wata uku ta ba wanda zai kai ƙarar jami'i kan aikinsa. A nan kam sai da lauya, kuma a nemi wanda ya taɓa riƙe shari'ar ƙungiya, ba kowane mai baƙar riga ba.

Wasu za su tambaya game da kotun shari'ar Musulunci, tunda ita ce mafi kusa da jama'a kuma an saba da ita. Alƙalinta na iya taimakawa wajen sulhu, ko bashi tsakanin mutum da mutum, amma soke zaɓen ƙungiyar da dokar gama-kai ta kafa, ko rushe hukuncin Darakta, ba aikinta ba ne.

Abu ɗaya da ke rusa mai gaskiya a kowace hanya shi ne ɗaukar doka a hannu: a fasa ofis a canja kwaɗo, a ƙwace littattafai, ko a koma gefe a yi wani zaɓen a fito da shugabanni biyu. Kotun Ƙoli ta yi tir da irin wannan a shari'ar Gwamnan Legas da Ojukwu a 1986, a kan gwamnati ma, balle ɗan ƙungiya. Haka nan daina zubi don nuna fushi. Kundin ƙungiyoyi da yawa ya ce wanda ake bi zubi na wasu watanni ya rasa ƙuri'arsa, wani lokaci har mambancinsa, ka ga ka miƙa wa abokin hamayya hujjar cewa ba ka da bakin magana.

Idan za a auna, ƙaramar ƙungiyar unguwa ko ta ƙauye mai mambobi talatin ko hamsin, wadda abin da ke asusunta bai kai kuɗin lauya na shekara ba, taron gaggawa da rubutaccen sulhu a gaban jami'in gama-kai sun ishe ta. Babbar ƙungiyar ma'aikata da ake cire wa mambobinta kuɗi daga albashi kowane wata, miliyoyi suna shiga, ta tafi ofishin Darakta tun makon farko, da lauya a bayan fage yana duba takardu yana ƙirga kwanaki, domin mai yiwuwa ne maganar ta ƙare a kotu, kuma abin da aka rubuta a farko shi za a karanta a can. Wanda wa'adin da ake rigima a kai saura masa wata shida ko ƙasa da haka, ya bar batun soke zaɓe, ya sa ƙarfinsa wajen neman a tantance rajista, a kafa kwamitin zaɓe mai zaman kansa, a kuma gyara kundi a rubuta kwanakin da za a kai ƙorafin zaɓe da kwanakin da za a amsa shi. Gyaran kundi sai babban taro ya amince, kuma ba ya fara aiki sai Darakta ya yi masa rajista, don haka a fara shi tun da sauran lokaci kafin zaɓe mai zuwa.